Wanda Bai Kai Sama Ba, Asara Ya Yi?

Jama'a masu karatu, yau zancen tamaula za mu yi, amma ba don mu faɗi wa ya ci wa ba. Akwai wata tambaya da ta daɗe tana damun mutane, manomi da maɗinki da ɗan lakwal duka. In mutum ya ba wani aiki ƙuruciyarsa gaba ɗaya, ya yi iyakar ƙoƙarinsa, amma bai yi suna ba, bai kuma tara dukiya ba, shin asarar rayuwarsa ya yi? Za mu nemi amsa cikin labarin wani ɗan wasan ƙwallon ƙafa na ƙasar Faransa mai suna Steve Savidan. Wanga mutum ya yi shekaru yana yawo tsakanin ƙananan ƙungiyoyi, har ya taɓa yin aikin kwasar shara don ya cika abin da wasa bai ba shi ba. Daga baya ya sa rigar ƙasarsa sau ɗaya tak. Labarin yana da daɗin ji, amma darasin da aka saba cirowa daga cikinsa yana bukatar a sake dubawa.

Tsanin tamaula a Faransa

Kafin mu shiga labarin, sai mun san yadda aka shirya wasan a can. An jera ƙungiyoyin Faransa ne kamar matakan tsani. A zamanin da Savidan yake wasa, matakin ƙoli shi ne wanda ake kira Ligue 1 tun daga 2002, mai ƙungiyoyi wajen 20. Ƙarƙashinsa akwai Ligue 2. Mataki na uku a lokacin sunansa National. Na huɗu kuwa a lokacin CFA ake ce masa, ba CFA ta kuɗinmu ba, suna ne kawai ya zo ɗaya. A 2017 aka canza masa suna zuwa National 2. Can ƙasa kuma akwai matakan jihohi da na gundumomi, har zuwa ƙungiyoyin ƙauye.

Duk ƙarshen shekarar wasa, ƙungiyoyin da suka zo kan gaba sai su hau mataki ɗaya, waɗanda suka zo ƙarshe kuma su sauka. Akwai kuma hukumar da ke binciken kuɗin ƙungiyoyi. Wadda bashi ya ci, ana iya saukar da ita ko da ba a cinye ta a fili ba. Haka ta faru ga ƙungiyar Bordo, wadda ta ci gasar ƙasa har sau 6, amma a 2024 ta sami kanta a mataki na huɗu. Gaskiyar Bahaushe da ya ce duniya rawar ƴan mata ce, na gaba ya koma baya.

Masu katin wasa a hukumar ƙwallon ƙafa ta Faransa sun haura miliyan 2. Waɗanda suke da cikakken kwantaragin ƙwararru ba su kai 2,000 ba. Ke nan cikin mutum 1,000 ba a samun ko ɗaya cikakke. A matakin ƙoli ana samun kuɗi mai yawa. A mataki na uku kuwa, sau da yawa kwantaragin shekara ɗaya ne ko biyu, albashin kuma bai taka kara ya karya ba. Daga nan zuwa ƙasa, yawancin ƴan wasa aiki suke yi da rana, su yi atisaye da maraice.

Shi kansa yawon daga wata ƙungiya zuwa wata, ƴanci ne da aka sha wuya kafin a samu. A da, in yaro ya sa hannu a takarda, ƙungiyar ta mallake shi ke nan har ya kai shekara 35. A 1961 wani ɗan wasa ɗan asalin Kamaru, Eugène N'Jo Léa, tare da Just Fontaine suka kafa ƙungiyar kare haƙƙin ƴan wasa mai suna UNFP. Sai a 1969 aka samu kwantaragi mai wa'adi. Tun daga nan ɗan wasa yana iya tashi in wa'adinsa ya cika. Ita ma ƙungiya tana iya cewa ta gode, ya nemi wani wuri.

Kowace shekara da sabon gari

An haifi Steve Savidan ranar 29 ga Yuni 1978 a garin Anje, yammacin Faransa. Ɗan gaba ne, wato aikinsa jefa ƙwallo a raga. Ya fara fitowa a ƙungiyar garinsu a 1998, tana mataki na uku. A 1999 ya koma Shatoru, a mataki na biyu. A 2000 aka ba da aronsa ga Ajaksiyo, can tsibirin Korsika cikin Bahar Rum. A 2001 ya komo Anje. A 2002 ya tafi Bobe, arewa da birnin Pari; shekarar ta yi masa ɗaci, raga ta ƙi shi, ƙungiyar kuma ta sauka daga mataki na biyu. A 2003 ya sauka Angulem, kudu maso yamma, a mataki na uku. A 2004 ya sake ɗaure kayansa zuwa Balansiyen, arewacin ƙasar kusa da iyakar Beljiyam.

Ku ƙirga da kanku: ƙaura 6 cikin shekara 6. Wanda ya taɓa zuwa cin rani ya san ma'anar wanga abu. Sabon ɗaki, sabon maigida, sababbin abokan aiki waɗanda ba su san halinka ba. Kafin ka gane hanyar kasuwa, lokacin tashi ya yi. Ga ɗan wasa kuma akwai ƙarin nauyi, don kasuwarsa gajera ce. Maƙeri yana ƙara ƙwarewa da tsufa, amma ƙafar ɗan tamaula in ta wuce shekara 30 sai ta fara ja da baya. Wanda ya kai 25 bai shiga matakin ƙoli ba, yawanci an daina zancensa.

A lokacin da yake Angulem ne ya yi aikin kwasar shara, ya kuma yi aikin kai wa mutane abin sha a mashaya. Yana da shekara 25. Da a ce an tambayi masana wasan a wannan shekara, da sun ce wanga yaro ya gama nasa, sai dai ya nemi wata sana'a.

Hawa da saukowa

A Balansiyen ne abubuwa suka juya. Garin tsohon wurin haƙar kwal ne da narkar da ƙarfe, mutanensa ma'aikata ne masu son ɗan wasan da ke zubar da gumi. Ƙungiyar tana mataki na uku lokacin da Savidan ya zo, Daniel Leclercq ne mai horar da ita. A 2005 suka zo na ɗaya, Savidan ne ya fi kowa cin ƙwallo a wannan mataki, da ƙwallo 19. A 2006, ƙarƙashin Antoine Kombouaré, suka sake zuwa na ɗaya a mataki na biyu, shi kuma ya ci 16. Haka Balansiyen ta koma matakin ƙoli bayan shekara 13, Savidan kuma ya taka shi karo na farko yana da shekara 28.

A watan Fabrairu na 2007 suka je garin Nant. Mai tsaron gidan Nant shi ne Fabien Barthez, wanda ya ci kofin duniya da Faransa a 1998. Savidan ya zura masa ƙwallo 4 a wasa ɗaya, aka tashi 5 da 2. Daga ranar babu wanda bai san sunansa ba a Faransa. A 2008 ya koma ƙungiyar garin Kan, a yankin Normandi. A ƙarshen wannan shekara Raymond Domenech, mai horar da ƴan wasan ƙasa, ya kira shi. Ranar 19 ga Nuwamba 2008 ya shiga fili bayan hutun rabin lokaci a wasan Faransa da Urugwai, a babban filin ƙasa da ke gefen Pari. An tashi babu wanda ya ci. Yana da shekara 30.

Bai sake sa wannan riga ba. A watan Yuli na 2009 ƙungiyar Monako ta shirya sayensa. Kamar yadda aka saba, sai da likitoci suka duba lafiyarsa kafin a sa hannu. Suka gano wata matsala a zuciyarsa. Ciniki ya watse, shi kuma ya ba da sanarwar ya bar wasan ƙwararru, ƴan kwanaki bayan ya cika shekara 31. Shekara 3 kacal ya yi a matakin ƙoli.

Darasin da aka saba ɗauka

In aka ba da wanga labari a majalisa, kafin a rufe baki wani zai ce: mahaƙurci mawadaci. Wani ya ƙara da cewa mai haƙuri yakan dafa dutse ya sha romo. Akwai gaskiya a ciki. Da Savidan ya jefar da takalmansa bayan baƙar shekarar Bobe, da babu Balansiyen, babu ƙwallo 4 a Nant, babu rigar ƙasa. Akan kuma kawo wasu misalai. Franck Ribéry ya yi yawo a mataki na uku, ya kuma taya mahaifinsa aikin leburanci, kafin ya kai Marsey da Bayern Munich. N'Golo Kanté yana ƙaramar ƙungiyar unguwa har ya kusa shekara 20, sannan ya ci kofin duniya a 2018.

Amma mu tsaya mu yi tunani. Me ya sa muka san sunayen waɗannan mutum uku? Don sun kai sama. Waɗanda suka yi haƙuri irin nasu, suka yi yawo irin nasu, ba su kai ba, babu mai ba da labarinsu, alhali kuwa su ne suka fi yawa nesa ba kusa ba. Kowace shekara in an tafi hutun wasa, UNFP takan buɗe sansanin atisaye don ƴan wasan da kwantaraginsu ya ƙare ba su sami wani ba. Suna gudu safe da maraice, suna wasannin gwaji, kowa yana jiran a kira shi. Wasu a kira su, wasu ba a kira su. Wa zai iya cewa waɗanda ba a kira ba rashin haƙuri ne ya kayar da su?

In muka koya wa yaro cewa haƙuri ciniki ne, ka biya wahala a ba ka ɗaukaka, to mun yi masa alkawarin da ba mu da ikon cikawa. Kujerun da ke sama kaɗan ne, masu nema kuwa dubbai. Ko da kowa ya yi haƙurin da ya fi na Savidan, mutum 11 ne dai za su fara wasa a rigar ƙasa. Sannan akwai illa ta biyu wadda ta fi muni. In haƙuri kullum yana biya, to duk wanda ba a biya ba sai a ce laifinsa ne. Ga shi ya rasa abin da ya nema, ga kuma zargi an ɗora masa a kai.

Labarin Savidan da kansa ya nuna yawan abin da ba ya hannun mutum. Da Balansiyen ta ɗauki wani ɗan gaba a 2004, da mai yiwuwa Savidan ya ƙare a mataki na uku. Da likitoci sun gano matsalar zuciyarsa yana da shekara 25, da ya tsaya a Angulem, babu wanda zai ji sunansa. Mutumin ɗaya ne, ƙafar ɗaya ce, ƙoƙarin ɗaya ne. To wanne ne mai daraja, wanne ne mai asara? In muka ce darajarsa ta zo ranar 19 ga Nuwamba 2008, tilas mu ce ta tafi a watan Yuli na 2009, ranar da likita ya karanta takardarsa. Babu mai hankalin da zai yarda da haka.

Abin da tsani yake aunawa

Kada a ɗauka muna cewa tsanin ƙarya ne. Yana auna abubuwa na gaske: gudu, dabara, ƙarfin jiki, yawan ƙwallon da mutum ya ci a shekara kaza. Ɗan wasan matakin ƙoli ya fi na mataki na huɗu iya tamaula, wanga ba abin gardama ba ne. Kuskurenmu shi ne mu ɗauki ma'aunin da aka yi don wasa mu auna mutum gaba ɗayansa da shi. Tiya tana auna hatsi daidai, amma ba a auna zane da ita.

Tarihin Balansiyen ɗin nan ya ba mu hujja. Ranar 20 ga Mayu 1993, shekara 11 kafin zuwan Savidan, Balansiyen ta karɓi baƙuncin Marsey. Marsey ita ce babbar ƙungiyar Faransa a lokacin, tana kuma shirin wasan ƙarshe na kofin Turai bayan kwana 6. Kafin wasan, aka tuntuɓi ƴan wasan Balansiyen uku daga ɓangaren Marsey, aka yi musu tayin kuɗi don su sassauta. Ɗaya daga cikinsu, ɗan baya mai suna Jacques Glassmann, ya ƙi, ya kuma faɗa wa shugabanninsa. Da aka yi bincike, aka tono faran 250,000 na Faransa da aka binne a lambun wani gida.

Marsey ta ci kofin Turai ranar 26 ga Mayu, ko da yake daga baya an ƙwace mata kambun ƙasa na 1993, aka kuma saukar da ita mataki na biyu a 1994. Shi kuwa Glassmann, mai faɗin gaskiya, sai aka riƙa yi masa ihu a filayen wasa ana kiransa maci amana. Da kwantaraginsa ya ƙare ba a sabunta ba, manyan ƙungiyoyi kuma suka kau da kai. Ya koma wasa a ƙananan ƙungiyoyi, har can tsibirin Reyuniyon cikin Tekun Indiya. Sai a 1995 hukumar FIFA ta ba shi lambar yabo ta wasa da gaskiya.

Ku duba da kyau. A idon tsani, Glassmann faɗowa ya yi. Amma abin da ya sauko da shi, shi ne mafi kyawun aikin da ya yi a rayuwarsa ta wasa. In ma'auni yana iya nuna mai gaskiya a ƙasa saboda gaskiyarsa, to ba za a dogara da shi wajen sanin darajar mutum ba.

To ina darajar take?

A ganinmu tana cikin yadda mutum ya riƙe aikin da ke hannunsa a matakin da ya sami kansa. Ɗan wasan da ya fito atisaye a kan lokaci cikin sanyin hunturu, a filin da babu ɗan kallo ko ɗaya, ya cika amanar da ya ɗauka. Wanda ya yi gudu da zuciya ɗaya a wasan ƙarshe, alhali ya san ƙungiyar ba za ta riƙe shi baɗi ba, ya ci albashinsa da halal. Waɗannan abubuwa ba su jiran sakamako kafin su zama masu kyau. Tun ranar da aka yi su sun riga sun cika.

Tana kuma cikin amfanin da mutum ya yi wa na kusa da shi. A ƙananan garuruwan Faransa, wasan ƙarshen mako yana tara tsoho da jikansa, ma'aikacin masana'anta da mai kanti. Yaran garin sukan fara son tamaula ne a wurin ɗan wasan da suke gani da idonsu, wanda suke gamuwa da shi a wurin sayen burodi. Kanté ma a irin wannan ƙungiya ya koyi wasa. Matakin ƙoli a kan na ƙasa yake zaune. In aka cire na ƙasa, babu abin da zai riƙe shi.

Don haka ne muke ganin aikin kwasar shara shi ne wuri mafi haske a labarin Savidan, ko da yake masu ba da labarin sukan kawo shi a matsayin duhun da ya fito daga ciki. Saurayi ne da ya riga ya taka mataki na biyu, mutane sun san fuskarsa a garin, amma bai ji kunyar ɗaukar shara don ya riƙe kansa ba. Bai zauna jiran ranar da za a gane shi ba, bai kuma ɗora nauyinsa a kan wani ba. Bahaushe ya ce babu maraya sai rago. Da a ce labarin ya ƙare a nan, da mutumin ya riga ya cancanci a girmama shi.

Masu ja da wanga zance

Wani zai ce: wannan ai rarrashin wanda aka kayar ne. In aka gaya wa samari cewa ƙasa da sama duk ɗaya ne, wa zai ƙara wahalar da kansa? Amsa ita ce ba mu ce ɗaya ne ba. Sama ta fi kuɗi, ta fi daɗi, neman ta kuma ba laifi ba ne. Savidan ya so ta, ya kuma bi ta da ƙarfinsa. Abin da muke rarrabewa shi ne neman abu da jinginar da mutuncinka a kansa. Mai nema yana iya rasawa ya tashi ya kakkaɓe rigarsa. Wanda ya jinginar da mutuncinsa, in ya rasa, ba ya iya duban mutane. Irin wannan ne kuma yake saurin karɓar tayin da Glassmann ya ƙi, don a wurinsa komai ya fi saukowa sauƙi.

Wani kuma zai ce: kuna magana kamar babu asara ko kaɗan, alhali akwai ta. Wanga ya fi na farko ƙarfi, kuma dole a amsa masa da gaskiya. Akwai asara. Akwai mutumin da ya kai shekara 33, gwiwa ta lalace, ba shi da ajiya, bai iya wata sana'a ba. Matarsa ta kasa riƙe aiki saboda yawan ƙaura, ɗiyansa sun canza lakwal sau biyar. Ba shi kaɗai ya biya kuɗin burinsa ba, iyalinsa sun biya tare da shi, kuma ba lalle an shawarce su ba. Babu karin maganar da za ta share wannan.

Amma mu duba inda asarar ta fito. Zama a mataki na uku kawai bai kawo ta ba, don ga abokinsa da suka yi wasa tare, ya koyi aikin lantarki ko horar da yara tun yana cikin wasa, ya sauka lafiya. Ta fito ne daga yarda da alkawarin nan da muka ambata: ka ƙara haƙuri shekara ɗaya, rabonka yana tafe. Wanda ya gaskata haka ba ya shirin rana ta biyu, don yana ganin shirin kamar karaya ne. Ashe darasin da aka saba ɗauka shi ne yake jefa mutane cikin ramin. Haƙuri na ƙwarai yana tafiya da ido buɗe. Yana ƙirga shekaru, yana tambayar uwargida ra'ayinta, yana riƙe wata sana'a a hannun hagu, yana kuma sanin ranar da ya kamata a ce ya isa. Sanin wannan rana ma jaruntaka ce.

Kofin da mutum biyu suka ɗaga

Akwai gasa ɗaya a Faransa wadda take haɗa manya da ƙanana, ita ce Kofin Faransa da aka fara a 1917. Ƙungiyoyi fiye da 7,000 suke shiga, ƙuri'a ce kuma take haɗa su. A shekara ta 2000, ƙungiyar garin Kale, daga mataki na huɗu, ta kai wasan ƙarshe. Ƴan wasanta ma'aikata ne, kowa da aikin da yake ci da shi. A kan hanya sun fitar da Bordo, mai riƙe da kambun ƙasa na 1999. Ranar 7 ga Mayu suka gamu da Nant. Su suka fara ci, Nant ta rama, sannan ta ƙara da bugun fenariti a mintin ƙarshe, aka tashi 2 da 1.

Da aka zo ba da kofi, kyaftin ɗin Nant, Mickaël Landreau, ya kira kyaftin ɗin Kale, Réginald Becque, suka ɗaga kofin tare. A littafin hukuma sunan Nant kaɗai aka rubuta, haka kuma ya dace, don ita ta ci. Ƴan wasan Kale suka koma bakin aikinsu, ƙungiyar ma bashi ya rushe ta a 2017. Duk da haka Landreau ya ga wani abu a wannan dare wanda littafin ba shi da gurbin rubutawa, ya kuma girmama shi a gaban jama'a.

To, ƴan uwa, mu komo ga tambayarmu. Wanda bai kai sama ba, asara ya yi? In ya riƙe aikinsa da gaskiya, ya ci halal, bai bar iyalinsa cikin wahala saboda mafarkinsa ba, to abin da ya rasa matsayi ne da kuɗi. Rashi ne na gaske, yana da zafi, amma iyakarsa ke nan. Kowannenmu yana kan wani tsani, kuma yawancinmu a tsakiya za mu ƙare ko ƙasa da haka. In ɗanka ko ƙanenka ya komo gida bayan shekaru bai zama abin da aka yi zato ba, tambayar da ke saurin zuwa baki ita ce: ina ka kai? Kafin ka yi ta, fara tambayarsa yadda ya riƙe abin da aka ba shi, da wanda ya amfana da shi a hanya. Mai yiwuwa ka tarar akwai abin yabo a wurinsa wanda ba ka taɓa lura da shi ba.